Buɗaɗɗiyar wasiƙa ga masu haɗa fina-finan tarihin 1966 da yaƙin basasa

Zuwa ga furodusoshin gidajen talabijin na Arewa, da daraktoci, da ƙannenmu masu haɗa shirye-shiryen tarihi suna ɗorawa a YouTube da Facebook da TikTok.

Assalamu alaikum.

Bayan gaisuwa da fatan alheri, wannan takarda daga wasu abokan sana'arku ce, masu tace hoto da masu kula da tsofaffin faifai. Duk shekara, da ranar 15 ga Janairu, ranar juyin mulkin 1966 da aka kashe Sardauna, ta gabato sai shirye-shirye su cika gari, kuma kusan hotuna iri ɗaya ake jerawa: sojoji a bayan Land Rover, dawakai na sukuwa, Sardauna yana ɗaga hannu, yaro mai kumburarren ciki yana kallon kyamara. A ɗora murya mai nauyi da kiɗa mai tayar da tsikar jiki, a sake shi. Har shirin ya ƙare ba za a faɗa wa mai kallo wanda ya ɗauki hoton ba, balle shekarar da aka ɗauka ko garin. Bahaushe ya ce gani ya kori ji, to shi ya sa ƙaryar da aka yi da hoto ta fi wadda aka yi da baki wuyar kankarewa. Roƙonmu shi ne ku riƙa ɗaukar tsohon hoto kamar mai ba da shaida a gaban alƙali. Kafin a saurare shi sai an ji sunansa, da inda ya tsaya a ranar, da wanda ya turo shi.

Mu fara da wanda ya turo shi. Turawan mulkin mallaka sun kafa sashen shirya fina-finansu a 1939, daga baya gwamnatin Jihar Arewa ta samu nata, kuma abin da suka ɗauka shi ne majigin da iyayenmu suka kalla a ƙofar fada da filayen makaranta. Hoton Firimiya yana buɗe asibiti ko yana duba dalar gyaɗa, jama'a na tafi, ma'aikatar watsa labarai ce ta aika a ɗauko shi domin a zaga da shi ƙauyuka. Asibitin an gina shi da gaske, jama'ar ma sun taru. Sai dai kyamarar tana duban inda mai ita ya nuna mata ne, don haka da wuya ka tsinci taron jam'iyyar adawa ta NEPU a cikin waɗannan gwangwanayen fim, balle ɗan adawa a hannun 'yan doka. Wanda ya gina fim ɗinsa a kan majigi kaɗai zai fito da Arewar da babu Malam Aminu Kano a cikinta, ko da bai yi niyyar haka ba. Talabijin kuwa sai a 1959 ta fara a Ibadan, ta Kaduna a 1962, kuma gwamnatocin jihohin ne suka mallake su kafin a tattara su ƙarƙashin NTA a 1977.

Hotunan yaƙin basasa, daga 6 ga Yuli 1967 zuwa 15 ga Janairu 1970, labarinsu ya fi haka sarƙaƙiya. Ɓangaren Biyafara ya ɗauki hayar wani kamfanin tallata labarai a Geneva mai suna Markpress, wanda yake rarraba sanarwa da hotuna ga jaridun Turai, yana kuma shirya wa 'yan jarida tafiya. Da dare ake sauke su a filin jirgin Uli, a kai su sansanonin yunwa. Gwamnatin tarayya ita ma da rakiyar soja take kai nata baƙin, zuwa garuruwan da aka riga aka kama. Yunwar gaskiya ce, yara sun mutu da yawan da hankali ba ya ɗauka, kuma duk ɗan Arewan da ya haɗa fim yana musun wannan ya ci amanar sana'a. Amma mai kallo yana da haƙƙin ya san cewa kusan kowane ɗan jarida a wannan yaƙi wani ne ya riƙe hannunsa ya kai shi inda ya tsaya. In fim ɗinku yana son ya binciki rawar da kafafen labarai suka taka, nan ne naman yake. Ku ɗauko rahoton British Pathé ko Movietone, kamfanonin Ingila masu haɗa labarai a fim, ku bar muryar Baturen mai sharhi kamar daƙiƙa goma ko goma sha biyar, ku fassara ta a ƙasan allo, ku rubuta cewa don gidajen siliman Ingila aka shirya shi. Mai kallo zai ji da kunnensa kalmomin da aka zaɓa mana. Yawancinku goge muryar kuke yi ku ɗora taku, kun jefar da rabin shaidar ke nan.

Sai shekarar hoto. Kada ku yarda da rubutun da wani ya liƙa a YouTube. Ku tsayar da hoton, ku bi shi firem bayan firem, ku karanta abin da ke bayan mutanen. In motoci suna bin hannun hagu, kafin 2 ga Afrilu 1972 ne, ranar da aka yi canjin hannu. Amma ku duba rubutun allon shago ko lambar mota tukuna, domin wajen kwafa akan juya zaren fim, hagu ya koma dama, kuma rubutun da ya fito a birkice shi zai tona. In farashi a kasuwa da fam da sule yake, kafin Janairun 1973 ne, lokacin da naira ta shigo. Tuta mai kore da fari da kore daga 1 ga Oktoba 1960 take. Gowon yana Laftanar Kanar ya karɓi mulki a 1966, a shekarun yaƙi kuma Manjo Janar ne, saboda haka kafaɗarsa ma kalanda ce.

Hawan daba ya fi komai ruɗa mutane. Manya uku aka yi a Kaduna da aka fi ganin hotunansu: na zuwan Sarauniya Elizabeth a 1956, na bikin mulkin kai na Arewa a 1959, da na FESTAC a 1977. Doki doki ne, lifidi lifidi ne, sai a yanko na 1977 a sa a ƙarƙashin labarin Sardauna, alhali an shekara goma sha ɗaya da kashe shi. Ku dubi wanda ke ƙarƙashin laima. In Alhaji Ado Bayero ne a matsayin Sarkin Kano, daga 1963 ne zuwa gaba. In Sarki Muhammadu Sanusi na ɗaya ne, tsakanin 1953 da 1963. Sarkin Zazzau Shehu Idris daga 1975 ya fara. Sarkin Musulmi Abubakar na uku ba zai raba muku gardama ba, shi da ya shekara hamsin a gadon sarauta, daga 1938 zuwa 1988. Launi ma ba hujja ba ne, tun shekarun 1950 akwai masu ɗauka da fim mai launi.

Wanda ya samu zaren fim ɗin kansa a hannu yana da ƙarin hanya. Kamfanin Kodak yana buga 'yan alamomi a gefen zare, da'ira ko murabba'i ko mai kusurwa uku, masu nuna shekarar da aka ƙera shi. Suna maimaituwa duk bayan shekara ashirin, wato alamar 1946 ita ce ta 1966, don haka sai an haɗa da abin da ido ya gani a cikin hoton. Kuma shekarar ƙira suke faɗa, ɗaukar na iya zuwa bayan shekara ɗaya ko biyu. Ku nemi takardar da mai ɗaukar hoto yake cikewa ya jefa cikin gwangwani, mai ɗauke da rana da wuri da jerin abin da ya ɗauka. Manyan ma'ajiyoyin waje suna riƙe da irin waɗannan takardu, in kun tambaya. Ga masu aiki da bidiyon waya na rikicin baya-bayan nan, dabarar ɗaya ce da wadda BBC ta bi a 2018 a kan bidiyon kisan mata biyu da yara biyu a arewacin Kamaru: ta daidaita layin duwatsun da ke baya da taswirar tauraron ɗan adam ta gano wurin, ta auna inuwa ta gano lokacin shekara, ta gane ƙirar bindigogin. Gwamnatin da ta fara ƙaryatawa daga baya ta gurfanar da sojoji bakwai.

Maganar sauti kuma. Ƙananan kyamarorin da ake shiga daji da su a wancan zamani, irin su Bolex, wana su ake yi da hannu kamar agogo, wani ɗaya bai kai rabin minti ba, kuma zare mai ƙafa 100 ba ya cika minti uku. Ba sa ɗaukar sauti sam. Shi ya sa hotunan fagen daga gajeru ne, kuma ƙarar bindiga da kuke ji a irin waɗannan hotuna a ɗakin tace hoto aka ƙara ta. In ku ma kuka ɗora harbi da ihun mata a kan hoton da asalinsa shiru ne, kun mai da sojan da ke tsallaka kwalbati ya zama mai kai hari. Ku bar shi da shirunsa, ko ku rubuta a ƙasa cewa an ƙara sauti. Kiɗa ma haka. Hoton taron jama'a ɗaya, in an sa masa kalangu biki ne, in an sa masa kiɗan tsoro ya zama gungun masu farauta.

Inda aka fi zamewa shi ne inda babu hoto. Babu kyamara a gidan Sardauna a daren 15 ga Janairu 1966. Abin da ake da shi na bayan aukuwar abin ne, ciki har da hirar da Manjo Nzeogwu, wanda ya jagoranci juyin mulkin a Kaduna, ya yi da 'yan jaridar waje a can. Haka juyin mulkin 29 ga Yuli, haka kashe-kashen da aka yi wa 'yan ƙabilar Ibo a garuruwan Arewa a watan Mayu da Satumba da Oktoba na wannan shekara, haka kisan da sojojin tarayya suka yi wa fararen hula a Asaba a Oktoban 1967. Mai kisa ba ya gayyatar mai ɗaukar hoto. Sai edita ya ga rami a fim ɗinsa, ya cike shi da sojojin Kwango ko gobarar wata ƙasa, yana cewa ai misali ne. Ga inda irin wannan misali ke kaiwa: ranar 2 ga Yuli 2010 wata tankar mai ta fashe a garin Sange na Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango, sama da mutum 200 suka ƙone. Hoton gawawwakinsu a jere ya shekara da shekaru yana yawo a intanet da sunan Kiristocin da Musulmi suka ƙona a Najeriya. A ƙasar da saƙon waya ɗaya ke iya sa a tare hanya, wannan wasa da wuta ne a bakin rumbu.

Ramin yana da abin cike shi na halal. Akwai shafin farko na Gaskiya Ta Fi Kwabo da na New Nigerian, wadda ta fara fitowa ranar 1 ga Janairu 1966, mako biyu kafin juyin mulkin. Akwai takardu a ma'ajiyar tarihi ta ƙasa da ke Kaduna da kuma Arewa House. Akwai muryoyin rediyo, akwai taswira, akwai wurin kansa yadda yake a yau, akwai tsofaffin da suka gani da idonsu, waɗanda kullum raguwa suke yi. In duk babu, baƙin allo da murya ya wadatar, mai sharhi ya faɗa a fili cewa ba a ɗauki hoton wannan rana ba. In kun shirya 'yan wasa su kwaikwayi abin, ku rubuta "kwaikwayo" tun daga farkon fitowar har ƙarshenta, kuma kada ku shafa masa ƙuraje da baƙi-da-fari don ya saje da na gaske.

Akwai wata gajeriyar hira ta Turanci da Sardauna ya yi da wani ɗan jarida Bature a kan manufar mayar da aikin gwamnati hannun 'yan Arewa, inda ya yi magana mai kaifi a kan Ibo. Kowa ya gan ta. Masu ƙinsa suna yanko mafi zafinta su sake ta tsirara, masu sonsa kuma suna tsallake ta kamar ba a yi ba. Dukansu sun cuci mai kallo. A ganinmu, a sa tambayar, a sa amsar gaba ɗaya, a fassara ta da Hausa ba tare da an sassauta ko an ƙara gishiri ba, sannan a yi bayanin yadda ma'aikatun Arewa suke a lokacin da abin da manufar ta jawo wa waɗanda ta shafa. In dole a yanke tsakiyar magana, a bar alamar yankan ta fito, ɗan walƙiyar fari ko baƙi. Rufe yanka da hoton hannu ko na taron jama'a domin jimloli biyu masu nisa su zama ɗaya, a hirar siyasa, ƙirƙirar magana ce a bakin mamaci.

Yaran da ke cikin hotunan 1968, waɗanda suka rayu, yanzu sun doshi sittin ko sun haura, suna da 'ya'ya da jikoki masu riƙe da waya. Ku nuna hoton sau ɗaya, a inda labari ya buƙace shi. Ban da rage masa gudu, ban da mayar da shi hoton talla.

Ɓarnar da na'ura ke yi ita ma sai an faɗa. Tsohon hoto ƙirar 4:3 ne, wato faɗi huɗu tsayi uku. In aka ja shi ya cika allon 16:9, kowa zai ƙara faɗi da kashi ɗaya cikin uku. In aka datse sama da ƙasa, rubu'in hoton ya tafi, da rawuna da allunan da za su nuna gari. In kuma aka miƙar da shi tsaye don TikTok, fiye da rabin faɗinsa aka zubar, kuma sau da yawa mutumin da ke gefe, mai riƙe da bindiga ko mai ba da umarni, shi ne labarin. Ku bar baƙin gefen, ba aibi ba ne. Fim yana tafiya firem 24 a daƙiƙa, talabijin ɗinmu 25, don haka kwafin talabijin ya fi asali sauri da kashi huɗu cikin ɗari, murya ta ɗan siranta. In kun jefa shi a aikin da aka saita a 30 ba tare da gyara ba, tafiyar mutane za ta riƙa sarƙewa. Hoton kaset kuma layi-layi yake a saƙe, sai an warware saƙar kafin a ɗora a intanet, in ba haka ba gefen duk abin da ke motsi zai fito kamar haƙoran matsefi. Game da sa launi da ƙirƙirarriyar basira, manhajar ba ta san launin rigar Tafawa Ɓalewa ba, cinta take yi. Mai ƙara wa hoto kaifi kuwa ƙera ido da haƙora take yi a fuskar da ta dushe, har ta fito da mutumin da ba a taɓa haifa ba. Wanda ya ga lallai sai ya yi, ya rubuta a allo, ya kuma nuna asalin.

Duk wannan yana tattaruwa a takarda ɗaya da ya kamata kowane edita ya buɗe tun ranar farko. Kowane yanki da layinsa: ma'ajiyar da ya fito, lambarsa a can, mintin da aka fara yanka da inda aka tsaya, wuri da rana, hujjar da ta tabbatar da su, ko sautin na asali ne, da mai haƙƙinsa. Daga nan ake ciro rubutun ƙasan allo, gajere, ya tsaya kamar daƙiƙa huɗu: Kaduna, 1956, hawan dabar zuwan Sarauniya, daga British Pathé. In shekarar ba ta tabbata ba a rubuta "wajajen 1968". Takardar ce kuma za ta cece ku ranar da aka zo maganar haƙƙin mallaka. British Pathé ta zuba fina-finai kusan 85,000 a YouTube a 2014, AP da Movietone suka biyo baya a 2015, amma don kallo suka sa, ba kyauta suka bayar ba. Da daƙiƙa suke sayar da izini, kuma farashin ya danganta da ƙasashen da za a nuna, da tsawon shekarun izinin, da ko talabijin ne ko intanet. Dokar haƙƙin mallaka ta Najeriya ta 2022 ta ba fim kariyar shekara 50, amma kayan ma'ajiyar Ingila ko Faransa dokar can suke bi, kuma YouTube ba ya jiran shari'a kafin ya sauke bidiyo. Ku yi tacewa da kwafin gwaji mai tambari, ku ƙirga daƙiƙoƙin da suka tsira a ƙarshe, su kaɗai za ku saya.

Abin takaicin shi ne muna sayen hoton kakanninmu daga Landan alhali namu yana ruɓewa a ɗakunan ajiya. Shugabannin gidajen talabijin, wannan sashen naku ne. Gwangwanin da aka buɗe aka ji warin tsami kamar binega, zarensa ya fara narkewa ke nan, kuma tururin yana harbin na kusa da shi, a ware shi yau. Kada a ɗora tsohon zare a kan majigi don a ga abin da ke ciki, ya riga ya tsuke, haƙoran injin za su yage ramukan gefensa. Na'urar sikanin marar haƙora ake sa shi, kaifin hoto na 2K ya ishi zaren milimita 16. Zaren milimita 35 na kafin farkon shekarun 1950 yana iya zama mai kamawa da wuta, irin wanda ruwa ba ya kashewa, a nisanta shi da ofis. Kaset ɗin U-matic da Betacam danshin damina ke sa su danƙo da fumfuna. Mai fumfuna ba a sa shi a inji sai an share shi, mai danƙo kuma gasa shi ake yi a na'ura ta musamman a zafin digiri 50 zuwa 55 na tsawon sa'o'i, a kwafe shi cikin 'yan kwanaki kafin danƙon ya dawo. Tandar burodi ko shanya a rana kashe shi za su yi. Ɗakin da na'urar sanyaya ke aiki da rana a kashe ta da dare ya fi ɗaki mai matsakaicin sanyi da ba ya canzawa illa, domin hawa da saukar zafi ne ke jawo raɓa. Bayan an kwafa, kwafi uku, ɗaya a wani gari daban, kuma kada a zubar da asalin. Injinan kunna waɗannan kaset an daina ƙera su, masu gyaran su ma sun tsufa.

Abin yana yiwuwa. Fim ɗin Shaihu Umar da Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa an daɗe ana zaton ya ɓace, sai aka gano zarensa a ajiyar Hukumar Fina-finai ta Najeriya a 2016, aka gyara shi tare da cibiyar Arsenal ta Berlin, aka nuna shi a can a 2018. Matakin farko bai buƙatar kuɗin waje: ma'aikaci biyu, safar hannu, da rajista. A ɗauki kowane gwangwani da kowane kaset a ba shi lamba, a kwafe rubutun da ke jikinsa harafi da harafi, a rubuta ko yana wari ko yana da fumfuna. A kira tsofaffin masu ɗaukar hoto da suka yi ritaya su zauna gaban allo su faɗi sunayen mutane da garuruwa, a naɗi muryarsu suna faɗa. Sannan a wallafa rajistar, da farashin da furodusan Kano ko Zariya ko Damagaram zai iya biya da kuɗin ƙasarsa.

Wassalam.

Naku,
Wasu masu tace hoto da masu kula da tsofaffin faifai.